Na Nawa Ka Zo?

Mu nan Yauri tambaya ɗaya muka iya ran da aka raba sakamakon kompozisyon. Yaro bai gama ajiye jaka ba zai ji daga cikin ɗaki: "Kai, na nawa ka zo?" In ya ce na uku, uwa ta rangaɗa guɗa, ran nan tsokar da ke cikin miya tasa ce, uba kuma ya fita majalisa yana ta gyaran murya har sai wani ya tambaye shi ko lafiya. In ya ce na arba'in da biyu, shi ke nan, an gano inda ya gado, kuma kullum daga wajen dangin uwa ne. Ba mai tambayar su nawa ne a ajin. Ba mai cewa buɗe kayen nan ka karanta mini layi biyu in ji. Mu da ba ma sayen buhun gero a kasuwar Matamaye sai mun zura hannu can ƙasa mun ɗebo mun gani, amma takardar lakwal da jan bik a kanta, sai mu karɓa hannu biyu mu soke a rufin ɗaki, magana ta ƙare.

A takarda, farkon watan Oktoba ake komawa lakwal. A zahiri kowa ya san sai gero ya shiga rumbu, an roro wake, an cire gyaɗa. Ba don yara na gona kaɗai ba, wani ajin ma kansa yana gona bai iso ba tukuna, tunda da kara za a gina shi. Sai kwamitin makaranta, COGES, ya bi gida gida: kowa dami ɗaya, ko ƴan daloli na sayen zana da igiya. Mu kuwa ran da aka ce a fito aikin kafa rumfa, ranar ce kowa ke da jana'iza a wani ƙauye. A haka za a lallaɓa a tsayar da ita, a yi karatu cikin hunturu da ƙura, iskar farkon damina ta zo ta kwashe. Ɗebe yajin aikin malamai, ɗebe ranakun kasuwa, ɗebe yaran da aka tafi da su Aljeriya ko cin rani Najeriya shekara na tsakiya, sai ka lissafa abin da ya rage cikin wata taran da aka tsara manhaja a kai. Kuma rumfar nan ba abin dariya ba ce duka. A 2021 gobara ta cinye azuzuwan zana a unguwar Pays-Bas ta Yamai cikin Afrilu, aƙalla yara 20 suka rasu, sannan a Nuwamba ta sake faruwa a Maraɗi, aƙalla yara 25. Allah ya jiƙansu. Tun daga nan duk uwar da ta ga hayaƙi ta wajen lakwal sai gabanta ya faɗi.

Leƙa ciki ka gani. Yara zaune bisa yashi, mai gata ya zo da yankin buhun taki ya shimfiɗa. Kowa da arduwaz bisa cinya, alli ɗaya an karya uku, abin sharewa kuwa bakin riga ne da ɗan miyau. Littafin karatu in akwai shi, kawuna uku huɗu ne a kansa, na gefe yana kallon haruffa a karkace. In babu, sai mushe ya zo da wuri ya kwafe darasin kaf bisa tabulo, yara su kwafe daga tabulo zuwa kaye, rabin safiya ta tafi a kwafa. Akwai yaron da rubutunsa kamar na inji, kyakkyawa, amma ce masa ya karanta abin da ya rubuta, sai ya tsaya yana kallon ka. Irinsa ne muke nuna wa baƙi muna cewa ga boko ya zauna.

Kwanan baya gardama ta kaure a gindin bedin da muke zama bayan la'asar. Wani maƙwabcinmu mai noman rake ya zo ransa a ɓace, wai ya duba kayen ɗiyarsa ta ajin farko, CI, ya ga Hausa ce a ciki.

"Ni fa na kai ta ta koyo Faransanci," in ji shi. "Hausa ai a nono ta sha. In Hausa ce, me zai sa in cire ta daga tallar rake?"

Akwai wani dattijo, tsohon mushe da ya yi ritaya, ba ya cika magana sai an taɓo alli. Ya dube shi ya ce, "Ɗana, a nono ta sha magana, ba rubutu ba. Kai da ka yi shekara shida kana rera Faransanci, karanta mini takardar maganin nan ta aljihunka."

Aka kwashe da dariya. Mai rake ya ce, "Haba Baba, ai idona ne ba ya gani sosai."

"To, Allah ya ba ido lafiya."

Daga nan dattijon ya ɓalle. Ya ce a zamaninsu da Mamadou et Bineta aka yi karatu, ga sembol: wani ƙashi ko gwangwani da ake rataya wa duk yaron da bakinsa ya suɓuce ya yi Hausa, shi kuma ya yi ta farautar wanda zai miƙa wa kafin a tashi, don wanda ya kwana da shi ya san jikinsa gobe. Mutane na tuna wannan da daɗi, suna cewa da can ne ake karatu. Ya ce e, waɗanda suka tsira sun iya Faransanci ƙwarai, amma a ƙirga waɗanda suka gudu tun CP, su ba wanda ke ba da labarinsu. Ya tuna mana cewa koyarwa da harshen gida ba baƙuwa ba ce a jiharmu: a Damagaram aka fara buɗe makarantar gwaji ta Hausa da Faransanci tun 1973. Dokar ilimi ta 1998, wadda ake kira LOSEN, ta ba harsunan ƙasa gurbi a aji. A 2015 aka fara sabuwar manhaja a makarantu 500, yaro ya fara da Hausa ko Zabarmanci ko Fulatanci ko Barbarci ko Buzanci, Faransanci na shigowa sannu a hankali har ya karɓi ragama a manyan azuzuwa. Ga shi kundin tafiyar da ƙasa da aka kafa a Maris 2025 ya ce Hausa ce harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi na aiki ne.

Ni dai ina bayan dattijo a wannan. Yaron da ya gane cewa "b" da "a" su ne "ba" cikin kalmar da ya sani, ya riƙe makullin, kuma da makullin nan zai buɗe Faransancin gobe. Amma mai rake ma ba shirme ya faɗa ba duka. Ya san jarrabawar da ke gaba da Faransanci za a yi ta, BEPC da BAC ma haka, takardar asibiti da ta mairi ma haka. Kuma ya ga abin da muka gani: manhaja sabuwa, littafinta bai iso ba, ko ya iso an kulle a kwali don kar ya tsufa, malamin kuma ba a taɓa zaunar da shi an koya masa inda ake sa ƙugiyar ƙ da ɗ ba. Wani ma daga wata jiha aka turo shi, Hausarsa ta cefane ce. In aka yi rabi da rabi haka, yaro ya tashi ba Hausa a rubuce ba Faransanci a baki, wa zai ga laifin uban da ya yi ƙorafi? Abin da ban yarda da shi ba, mu ɗora laifin kan Hausa.

Sai zancen sartifika. Manyanmu na tuna lokacin da jarrabawarta, CFEPD, ke sa gari ya yi tsit, a kwashi ƴan CM2 zuwa cibiyar jarrabawa da guzurin ƙuli-ƙuli, wanda ya samu a yi ta zuwa barka gidansu. A zamanin Mahamadou Issoufou aka soke ta, aka ce makin kompozisyon na cikin shekara ya isa ya kai yaro siziyam, ajin farko na kolej. Mu kuwa abin nema ya samu. Ƙarshen shekara sai ka ga uba da bai taɓa taka harabar lakwal ba ya shafa turare ya tafi gaida direkta. "Mushe, a duba mana yaron nan, ɗan abin da ya rage masa kaɗan ne, a cika masa." Wani har da ɗaurin rake a bayan babur. Malamin da ya ƙi, a ce ba shi da mutunci, ba ya son ci gaban gari. Yaro ya shiga kolej bai iya karanta sunan darasin ba, shekara ɗaya ko biyu a koro shi, mu ce an yi masa baki.

Ba mu kaɗai ba ne, ƙasar ce baki ɗaya. Awon PASEC na 2014, wanda aka yi a ƙasashe 10 masu amfani da Faransanci, ya sa Nijar a ƙarshe: cikin yara goma da ke gama firamare, ko ɗaya cikakke bai kai mizanin karatu ba. A na 2019 an ɗaga zuwa kusan uku cikin goma. An motsa, amma bakwai fa na nan. A 2017, lokacin minista Daouda Mamadou Marthé, aka juya abin kan malamai ƴan kontiragi, aka zaunar da su jarrabawa, kusan kashi ɗaya bisa uku ne suka samu rabin maki. Wayyo, ranar mun sha dariya a majalisa, har da masu cewa dama sun faɗa. Ba wanda ya tuna cewa waɗannan malaman ƴaƴanmu ne, daga irin rumfunan nan suka fito, kuma ɗan pekil ɗin da ake ba su sai wata ya yi nisa suna bin bashin mai shago kafin ya zo. Mun tura yaro gaba bai iya ba, ya girma ya dawo da alli a hannu, muna mamaki.

Yanzu dai sartifika ta dawo tun 2024. Wasu na murna, wai tsoro zai dawo, yara za su yi karatu. Wataƙila. Amma jarrabawar da ke zuwa bayan shekara shida labari kawai take ba ka, kuma a makare. In yaro bai iya haɗa baƙi ba tun CP, ba ran jarrabawar CM2 za a gyara shi ba, ko an sha rubutu kwano nawa, ko an raba waina sadaka unguwa biyu. Addu'a kam a yi, ba mai hanawa, mu ma muna yi.

Abin da ke ba ni mamaki, mun fa san yadda ake auna karatu. Je makarantar allo da asuba ko da dare bakin wuta. Yaro ba ya wanke allonsa sai ya zo gaban malam ya biya, in ya yi tuntuɓe a koma da shi, ko ɗan wane ne. Ban taɓa jin uban da ya je ya ce, "Malam, a taimaka a wuce da shi izu na gaba, kaɗan ya rage masa" ba. Kunya ma ba za ta bar shi ba. Uwa da ba ta yi nisa ba tana daka tana sauraren ɗanta yana tilawa, in ya karkace ta ce, "A'a, sake dai." Amma da an ce boko sai mu naɗe hannu, mu ce wannan na gwamnati ne, mu ba mu san shi ba.

To ga inda Hausar nan da mai rake ke ƙi ta yi mana rana. Da can in yaro na karanta Faransanci, ko daidai ko kuskure, kai dai sai gyaɗa kai. Yanzu in da Hausa aka fara masa, ko ba ka taɓa shiga aji ba kunnenka alƙali ne. Dattijon nan ya sa aka kira ɗiyar mai rake, ƴar mitsitsiya da kallabi ya zame mata, ya ɗauki tsinke ya rubuta a ƙasa. Ta tsuguna, ta sa yatsa, tana bi: "Ra... ke... ya... yi... za... ƙi." Sai ta ɗago kai ta ce, "Baba, rake ya yi zaƙi!" Uban ya yi shiru, can ya ce, "To ai gaskiya ta faɗa." Da aka kira yayanta na CE2, wanda ya zo na biyar a ajinsu, aka rubuta masa jimla guda da Faransanci daga cikin kayensa, ya fi minti yana haɗiyar miyau. Nan fa hira ta watse, kowa ya tuna yana da alwala.

A wasu garuruwa kwamitocin makaranta sun riga sun kama wannan hanya. A 2004 shirin École pour tous da Japan ta tallafa wa ya fara aiki da su a ƙasar nan: a gwada yara da ɗan gwaji mai sauƙi na karatu da lissafi, a tara iyaye a faɗa musu sakamakon ƙiri-ƙiri, sannan gari ya shirya karatun yamma ko na dare, a samu ɗan kolej ko wani mai ɗan ilimi ya zauna da yara. Ba kuɗi mai yawa yake ci ba, fitila ce da tabarma da mutum mai haƙuri. Mu kuwa in an buga gangar taron COGES, mata biyar ne da liman da direkta, sauran sai an ji ana rabon wani abu.

Kompozisyon ta farko kan zo ne kafin hutun Disamba. In yaronku ya shigo da takarda, ku tambaye shi na nawa ya zo, ba laifi, a ba shi tsokarsa. Amma kafin ya ci, ku ce ya buɗe kaye ya karanta muku layi biyu. In ba ku gane ba, ku kira ɗan maƙwabta na kolej ya saurara. In ya kasa, kar a dake shi, kar kuma a kai wa mushe rake. A je a same shi da safe a tambaye shi ta ina za a kama.