Madalla da Alƙalamin da Ya Iya Rufa Asiri

Allah ya saka wa marubutan yabon George Whitefield, sun iya suturta mamaci. Wanda duk ya karanta su sai ya tashi da ƙwalla a ido. Ga mai wa'azin Kirista ɗan Ingila da ya ƙetare Tekun Atlantika sau 13, ya tsaya a fili ba rumfa ba lasifika, manoma suka yar da aikin gona suka yi sukuwa don kada wa'azi ya wuce su. Benjamin Franklin da kansa ya auna nisan muryarsa a Filadelfiya, ya ƙiyasta mutum fiye da 30,000 za su ji shi. Wata rana ya je da niyyar ko anini ba zai bayar ba, ya koma gida aljihu wayam. Wannan labari kam ba littafin da ya manta da shi.

Kuɗin na marayu ne. A 1740 Whitefield ya kafa gidan marayu na Bethesda kusa da Savannah a Jojiya, kuma a nan ne gwanintar marubutanmu take fitowa sarai. Jojiya ta haramta bauta tun 1735. Bawan Allah ya duba ya ga marayu na bukatar abinci, gona na bukatar hannu, rana kuma ta fi ƙarfin fatar Bature. Sai ya sayi gona da bayi a Karolina ta Kudu, ya kuma dinga matsa wa masu mulkin Jojiya lamba da wasiƙu su ɗage haramcin. A 1751 aka ɗage. Wa ya taɓa ganin tausayi irin wannan? Don a ciyar da marayun Turawa, aka raba 'ya'yan Afirka da iyayensu, aka mai da su marayu da ƙarfin tsiya.

Duk wannan, gwanayen alƙalami kan dunƙule shi a sakin layi ɗaya, su shafa masa man shanu: ai mutumin zamaninsa ne. Kalma mai daɗi, mai wanke kowa tas! Sai dai zamanin nan nasa shi ne zamanin Benjamin Lay, wanda ya wallafa littafin la'antar masu bayi a 1738. Shi ne kuma zamanin 'yan Sikotilan mazauna Darien, cikin Jojiyar nan dai, da suka rattaba hannu kan takardar ƙin bauta a 1739. Hikima ce babba a bar waɗannan a bakin ƙofa, kada su shigo su ɓata taro.

Kuma a yi adalci, marubutan ba sa mantawa da cewa a 1740 ya tsawata wa iyayen giji kan azabtar da bayi, ya yi wa bayin wa'azi, ya yarda suna da rai abin ceto. Ran ya aika sama, jikin ya tura gona.

Ya rasu a 1770. A wasiyyarsa ya bar wa Selina, hamshaƙiyar Huntingdon, gidan marayun da duk abin da ke ciki, ya jero gine-gine, filaye, bayi, littattafai da kayan ɗaki a numfashi guda. Bayin sun kai wajen 50. Marubutanmu masu tausayin mai karatu sun ƙirga mana wa'azinsa kusan 18,000, ba su wahalar da mu da tambayar inda uwayen mutanen nan suke ba.