Yadda Ake Sauraron Faifan Pink Floyd Ba a Yi Asarar Data Ba

Idan ka ƙudurta sauraron The Dark Side of the Moon, faifan da 'yan Ingilan nan Pink Floyd suka fitar a 1973, to ka fara da lallashin maƙwabci ya kashe janaretansa na minti 43, iyakar tsawon faifan ke nan. Fankar ɗaki ma a kashe ta, zufa ba ta kisa. Da bugun zuciya faifan yake buɗewa, can ƙasa-ƙasa, kuma ƙugin fanka kaɗai ya isa ya haɗiye shi.

Sai maganar fayil. Faifan CD yana ɗibar sauti sau 44,100 a daƙiƙa, da bit 16. Wanda ake ce wa hi-res yakan kai sau 96,000 da bit 24, galibi a tsarin FLAC, nauyinsa kuwa kan doshi gigabait guda. Ka sauke shi da tsakar dare lokacin garaɓasar data, kada uwargida ta nemi ba'asin kuɗin cefane.

Don Allah ka ajiye abin kunnen Bluetooth. Matse sauti yake yi kafin ya iso kunne, tamkar ka sayi zuma farar saƙa ka tsarma ta da ruwa. Nemi mai waya, ka haɗa da 'yar na'urar DAC da ake soka wa a ramin caji.

Kada ka riƙe kofin shayi idan waƙar “Time” ta gabato. Alan Parsons, injiniyan sautin da ya yi aikin a sutudiyon Abbey Road na Landan, ya bi agogunan wani shagon kayan da ɗaya bayan ɗaya ya naɗi ƙararsu. Shiru-shiru sai su ɓarke gaba ɗaya, wannan ta dama, wancan ta hagu, wani kamar a ƙeyarka. Bayan “Time” mawaƙiya Clare Torry za ta shigo, ba kalma a bakinta, murya ce zalla tana hawa tana sauka har numfashinta kana ji. In idonka ya kawo ruwa, ka bar shi. Wanda ya leƙo ya tambaya, ce masa ƙurar hunturu ce, ya ja maka ƙofa.

A “Money” sulalla da akwatin kuɗi za su riƙa tsalle tsakanin kunnuwanka. Bugun bakwai-bakwai yake tafiya, saboda haka kar ka tashi rawa, ƙafa za ta harɗe.

Maɓallin nan mai cakuɗa waƙoƙi, ko kallonsa kada ka yi. A ɗinke suke, wata na mutuwa cikin wata.

Kunnen ɗan Adam ba ya wuce haz 20,000, kuma mutane da yawa ba sa iya rarrabe hi-res da CD. Wannan kada ya karya maka gwiwa. Tunda dai ka biya datar, malam, sa wayar a yanayin jirgi, ka rufe ido, ka saurare shi tun daga farko har ƙarshe.