Kwantenar Hajiyoyi Ta Maƙale, Dera Ta Ɗau Zafi

Matso kusa, ƙawata, wannan ba ta lasifika ba ce.

Kin lura Hajiyoyinmu na Dera, nan Dubai, sun rage fara'a? Waɗanda da in kun haɗu a kasuwar Naif sai sun tsayar da ke kin ga sabon yayin abaya? Yanzu kowa waya a kunne, fuska a murtuke. Ruwa dai ba ya tsami banza.

Kwantena ce. Ta bar Jabal Ali lafiya, ta sauka Apapa lafiya, aka ce an yi fito, har ana ta barka a waya. Tirela ta kamo hanyar Kano, sai 'yan sintirin kwastam suka ce a kawo takardu. Nan fa ido ya raina fata!

Kin san yadda ake yi. Ba kowace ke iya cika kwantena ba, sai a yi karo-karo. Mai abaya, mai turare, mai takalma, mai leshi, kowa ta miƙa wa ɗan kago kayanta da kuɗinta, ya yanka mata rasit. Takardar fito kuwa guda ce, da suna guda. Me aka rubuta a ciki? Ba wadda ta gani. Ko in ce ba wadda ta so ta gani.

Ashe mutumin ya karya farashin kayan a takarda, don kuɗin fito ya yi sauƙi. Yanzu an ce sai an biya ciko, ga tara, ga mai tirela yana ƙirga kwana. Wa zai biya? Shi ya rantse su suka matsa masa lamba a kan araha. Su kuma sun rantse cikakken kuɗi suka ba shi. In ɓera da sata, ai daddawa ma da wari.

Ba ki ji komai ba tukuna.

Kin tuna kashi 4 cikin ɗari da kwastam ta ɗora a kan darajar kaya a 2025, aka dakatar, aka dawo da shi, Ministan Kuɗi Wale Edun ya sake dakatarwa a Satumba? To, ana raɗe-raɗin bawan Allahn nan bai taɓa dakatar da nasa ba. Ga harajin VAT na kashi 7.5 ya lissafa musu, ga wani "kuɗin hanya" na masu shinge jiha-jiha, wanda ba shi da rasit balle a yi musu.

Shi ya sa abin ke musu ciwo. Nan Dubai kashi 5 ne tun Janairun 2018, a rubuce a jikin rasit. Motar kaya ta tsallaka Sharja ba mai ɗaga mata tamfol. Kuma yawancin Hajiyoyin ba su gama farfaɗowa daga rufe bizar Dubai ba, tun Oktoban 2022 har Yulin 2024. Kayan nan rabi bashi ne. Masu shaguna sun fara kira, kin san su da ladabi, amma ba sa mantuwa.

Sai babbar Hajiyar da ta haɗa kowa da ɗan kagon. Ita ta fi kowa salati. Amma kin san ko ƙyalle ɗaya nata babu a kwantenar? Ta jirgin sama nata ya bi, tuni ya ƙare a Kantin Kwari. Me ta hango? Nawa ne ladanta a kan kowane kai? Ni dai ban ce komai ba.

Wata ƙaramar 'yar kasuwa ce ta yi tambayar da ta sa aka yi tsit: me ya hana a riƙa kai kwantenar tashar Dala da ke Zawaciki, wadda Buhari ya buɗe a Janairun 2023, a fasa ta a gaban masu kaya? Ɗan kago ya ce waya ba ta ji sosai, zai kira.

Har yau bai kira ba. An dai sa zama bayan Juma'a, kuma an ce Hajiya Babba ta sayi tikitin Umra.