Mutanen da Katun Ya Riga Ya Zana

Abin dariya idan katun ya yi ta nanata shi shekara da shekaru, sai ya tashi daga wasa ya zama sunan wani hali. Amurkawa sun tara irin waɗannan, masu halin kuwa ba garin da babu su.

Akwai ɗan gidan Wile E. Coyote, wanda Chuck Jones ya fito da shi a 1949. Dila ne, amma ba malamin daji ba. Yakan zuro a guje bayan tsuntsun Road Runner, ya zarce bakin dutse, ya ci gaba da taka iska lafiya lau. Ba ya faɗuwa sai ya kalli ƙasa. Har masana tattalin arziki kan buga misali da shi idan kasuwa ta kumbura ba tushe. Mai wannan hali jarinsa ya karye tun bara, amma yana nan yana ɗinka sabuwar shadda, yana yanka wa baƙi kaji. Dabararsa ɗaya ce: kada kowa ya buɗe littafin bashi. Dilan bai taɓa fasa sayen kayan kamfanin Acme masu fashe masa a fuska ba, shi ma wannan gobe zai koma wurin dillalin da ya cuce shi, har da "ranka ya daɗe".

Sai Charlie Brown. Wata yarinya, Lucy, ta dafa masa ƙwallo, ya taho da gudu zai shura, ta janye, ya faɗi rigingine. Charles Schulz ya yi kusan shekara 50 yana zana shi, bai bar shi ya taɓa ƙwallon nan ba. Mai wannan hali, duk kakar zaɓe za ka gan shi a kan layi tun asuba, yana cewa wannan karon da gaske suke. Ni dai tausayi yake ba ni.

Ɗan Popeye maganinsa guda ne, ko basir ne ko rashin aure. Gwangwanin alayyafon da shi Popeye ke dogaro da shi dai ya yi rana, domin manoman Crystal City a Texas sun kafa masa mutum-mutumi a 1937.

Ga kuma Homer Simpson, wanda a 1994 ya ja da baya a hankali, shingen ganye ya haɗiye shi. Yau hoton yana yawo a wayoyi. Mai halinsa shi ne mai cika zauren WhatsApp da surutu dare da rana, kowace magana da bakinsa. Da an ce za a haɗa gudummawar biki, sai datarsa ta ƙare har sai an kai amarya.