Jinjina ga Sarkin Riƙon Amana

Masu gadin masana'antun Sharada da Challawa, ku matso ku ɗauki darasi. An ba ku ajiyar ɗakin fatu, mai kaya na zuwa sai ku hau rawar jiki kuna miƙa masa mukulli. Wannan ai ƙauyanci ne. Gwanin ajiya yana Landan, gidan tarihin Birtaniya.

A 1897 sojojin Ingila suka ci birnin Benin, aka kai Oba Ovonramwen Kalaba, aka kwashe tagulla da hauren giwar fada. Tausayi ne ya jawo: garin ya ƙone, a bar kaya cikin toka? Wajen guda 900 suna hannun gwanin har yau, ba ƙura ba tsatsa. Mu Kanawa ba sai an ba mu labarin tausayin nan ba, igwarsa ta gaisa da ganuwarmu a 1903.

Jamus ta karaya, ta fara kawo nata Abuja a Disamban 2022. Holan ta biyo da guda 119 a 2025. Namijin duniya ko gezau. Wallahi yana so ya bayar, dokar 1963 ce ta ɗaure masa hannu, dokar da majalisar ƙasarsa ta zauna ta rubuta. Duk da haka dubi karamci: a 2024 shi da gidan tarihin V&A suka kai wa Sarkin Asante kayan fada 32 na zinariya da azurfa, wasu tun na harin Kumasi na 1874. Aro, na shekara uku. Jika ya sa hannu cewa zai mayar da kayan kakansa.

'Yan hassada za su tono 2023, shekarar da gidan ya sanar cewa kaya wajen 2,000 sun ɓace ko sun lalace, aka ga wasu a eBay, shugabansa Hartwig Fischer ya ajiye aiki. To sai me? Mu ne dai ba mu iya adana kaya ba.

Shiga kuma kyauta ce, ƙofa a buɗe ga kowane ɗan Adam. Leburan Bompai da ke marmarin ganin aikin maƙeran Benin, abin da ya rage masa kaɗan ne: biza, kuɗin jirgi, da takardar banki mai gamsar da su cewa ba zai riƙe musu wuri ya ƙi tafiya ba.