Ku Masu Cewa Uwa Ba Ruwanta da Soyayya

Na hango wasu sun fara taɓe baki, wai me ya kawo uwa cikin zancen masoya. To, Malam mai taɓe baki, gyara zama mu leƙa Indonesiya.

Hamka, malamin da ya yi tafsirin Al-Azhar, shi ne ya rubuta labarin soyayyar Zainuddin da Hayati a 1938. E, malamin tafsiri. Rufe bakin kada ƙuda ya faɗa. Uban Zainuddin ɗan ƙabilar Minangkabau ne, uwarsa kuwa daga Makassar take. Su mutanen Minangkabau na Sumatra ta Yamma, Musulmi ne sosai, amma ta wajen uwa suke ƙirga asali, gidan gado da gona ma a hannun mata suke. Sai dangin Hayati suka ɗauki Zainuddin bare, suka aurar da ita ga Aziz. Uwar nan ta rasu tun yana jariri, ko uffan ba ta ce ba, amma asalinta ne ya raba auren. Har yanzu ba ruwanta?

Na ji wani daga baya yana cewa ai ƙagaggen labari ne. Madalla da wannan basira! To ga tatsuniyar Minangkabau. Malin Kundang ya tafi fatauci ta teku, ya yi dukiya, ya auri 'yar manya. Da jirginsa ya dawo gida, tsohuwar uwarsa ta fito da tsummanta tana murna, gogan naka ya ji kunyar amarya ya ce bai san ta ba. Ta yi masa baki, ya zama dutse. A gaɓar Air Manis kusa da Padang akwai dutse mai siffar mutum ya kifa goshi a ƙasa, jama'a na zuwa kallo. Kafin ka yi tsalle: e, akwai hannun masu sassaƙa a jikinsa. Ka ci wannan, sai ka sha ruwa.

A Java ta Yamma kuma, Sangkuriang ya nace sai ya auri Dayang Sumbi, bai san uwarsa ce ba. Ta ce ya haƙa tafki ya sassaƙa jirgi a dare ɗaya, sannan ta yi dabara zakaru suka yi cara kafin asuba. Haushi ya sa ya shuri jirgin ya kife, wai shi ne dutsen Tangkuban Perahu da ke arewacin Bandung.

Malam, na ga ka zaro waya. Hajiya za ka kira, ko?