Ire-iren Matan Ƙetaren Gada

Matan aure na kudancin garin Kaduna, daga Kakuri da Makera har Barnawa, Narayi da Sabon Tasha, aiki biyu ke kansu: na gida da na nema. Lamarin ya ƙaru ne bayan durƙushewar masaƙun Kakuri, irin su KTL da aka buɗe a 1957 ta kuma rufe a 2002. A gidaje da dama cefane ya koma wuyan mata, girki kuwa bai sauka ba.

Ta farko a cikinsu ita ce mai tsallaka gada. Ofishinta yana arewacin kogin Kaduna, don haka tun kafin asuba ta ɗora shinkafa, ta cika kulolin yara, ta goge rigar maigida. Kwalliya sai a cikin Keke Napep, idan cunkoson bakin gada ya tsayar da ita. Ranar Asabar takan yi miyar mako guda ta jera a firiza, daga nan zaman lafiyar aurenta ya koma hannun 'yan Nepa. Wuta ta yi kwana uku ba ta zo ba, ranar Laraba sai kwaɗon zogale.

Sai 'yar kasuwar waya. Ba ta fita ko ƙofar gida, amma tana sayar da atamfa, leshi da turaren wuta a WhatsApp. Hannu ɗaya na tuƙa tuwo, ɗayan na rubuta "Hajiya, wallahi ba riba". Ana gane ranar da ta yi ciniki da ƙaurin da ke tashi daga kicin.

Akwai mai rufin asiri, wadda ta fi kowa ƙwarewa. Tana da rumfar POS, tana zubin adashi biyu, ita ke biyan haya da kuɗin makaranta. Duk da haka sai ta miƙa wa mijin kuɗin a ɗaka, ya fito tsakar gida ya ba ta a gaban yara, ta rusuna ta ce, "Allah ya ƙara buɗi, Baban Yara." Shi ma ya amsa da amin, ko kunya babu.

Matar taro kuwa, ko ta Zumuntar Mata a coci ko ta Islamiyya, ankonta ya fi tukwanenta yawa.

A bisa dukkansu akwai uwar miji, mai zuwa kwana biyu ta share wata biyu. Takan ɗanɗana miya ta gano cewa bilenda ce ta niƙa kayan, ta tambayi inda aka kai turmi da daddawa, ta ba da labarin yadda ta yi daka da goyo a baya. Da yamma kuma ita ce mai kiran surukar: "'Yar nan, zo ki sa mini data in ga jikokina na Abuja." Surukar ce ke biyan kuɗin datar.